Gawar da Ta Amsa Sallama

Na tsufa a harkar fim ban wuce fitowa a maigadi ba. Ranar da aka zo ɗaukar wani shiri a Gaya, darakta ya ce, "Baba, yau kai ne gawar Alhaji. Kwanciya kawai za ka yi."

Na ce, "Yaro, ni za a koya wa kwanciya?"

Aka lulluɓe ni da zane, mata suka fara kuka. Tun rasuwar matata ni kaɗai nake zaune a Toranke, ba mai leƙo ni, sai ga ɗaki ya cika saboda ni. Daɗi ya sa na manta na mutu. Jarumin shirin ya shigo, ya ce, "Salamu alaikum."

Daga ƙarƙashin zanen na ce, "Wa alaikumus salam, bismilla, shigo."

Masu kuka suka kwashe da dariya. Darakta ya dafe kai, ya kwantar da direbansa a madadina. Ba a sake kirana ba.

Har yau a kasuwar Ajingi sai ka ji, "Salamu alaikum, marigayi!" Ni kuwa amsawa nake. Sallama ai ba a ƙin ta.