Tuzuru Mai Jikoki

Yau da safe ina cikin layin esansi a gidan mai, na turo moto, wato babur ɗina, tun daga bakin titi har gumi ya jiƙa min hula, sai na ji an ƙwala kira daga baya: "Ango! Ango, ya amarya?" Duk layin ya waiwaya ana neman saurayi mai sabuwar shadda. Ni aka gani, da furfurata da ƴan haƙoran da suka rage min. Maƙwabcina Alu tela ne ya yi min wannan tonon silili, kuma ba halin in ƙaryata shi, don a idon hukuma aurena ɗanye ne shakaf. Tunda har na bar wurin esansin bai iso ba, bari in huce haushina a kanku.

Ni da Hadizatu an ɗaura mana aure a wani ƙauye can wajen Tawa, shekara talatin da ɗoriya. An yi fatiha, an raba goro, kowa ya watse. Muka taso Yamai, muka zauna unguwar Bukoki, muka haifi ƴaƴa, ƴaƴan suka haifi nasu. Ba mahalukin da ya taɓa ce mana ina takarda.

Sai bara cutar yana ta soma rufe wa Hadizatu ido. Na dama ya tafi, na hagu ya kama hanya. Ran nan ta tsaya tana gaida turmi, tana tsammanin maƙwabciya ce a zaune. Aka yi dariya, ni ma na taya, amma washegari na kai ta asibiti. Likita ya ce aiki za a yi, kuma a hanzarta kafin na hagun ya bi ɗan'uwansa. Na ce alhamdulillahi, ai na yi wa mutane tuƙi har bayana ya lanƙwashe, akwai asusun lafiya da ke ɗaukar nauyin tsohon ma'aikaci da matarsa. Na wanke ƙafa na je bironsu, wato ofishinsu. Wata madam ta daddanna ordinater, kwamfutarta ke nan, ta ɗago ta ce da guntun Faransancinta, "Mushe, a nan kai selibatar ne."

Na san kalmar sarai, amma na so in ji ta da Hausa. Na ce, "Wato me?"

"Wato ba ka da mata."

"To wace ce wadda ke min faɗa kullum a gida?"

Ko murmushi ba ta yi ba. Ta ce in kawo takardar aure, in ba haka ba Hadizatu baƙuwa ce a wurinsu, kuma ba a yi wa baƙi aikin ido.

Haka na faɗa hannun jami'in da ke ba da takardar aure, Ranka Ya Daɗe Sarkin Hatimi. Jama'a, mu riƙa yabon manya in sun yi abin yabo. Bironsa tsaf, sanyi kamar cikin randa, har sai da aka sayo masa bargon rufe ƙafa. Mu kuma da ke baranda an bar mana rana kyauta, ba a cire mana ko sisi ba. Ranar farko ya ce hotunanmu sun yi duhu. Muka sake. Na dawo aka ce ya tafi taron ƙara wa juna sani kan hanzarta hidimar jama'a, a wani otel mai wurin iyo. Da ya dawo, ya yi fes abinsa, ya duba hotunan ya ce sun tsufa. Na ce, "Ranka ya daɗe, masu hoton ma haka." Ya ce, "Kala suba." Wanda bai jin Zabarmanci, sai gobe ke nan, kuma na lura ita kaɗai ce kalmar da ba ta taɓa ƙarewa a wannan biro. Tambur ɗin da ake manna wa takarda kan ƙare, tawada kan ƙare, wutar kuran kan ɗauke, amma kala suba tana nan daram.

Da aka zo kan shaidu, ya ce sai waɗanda suka halarci ɗaurin auren da idonsu. Na ce akasarinsu sun riga mu gidan gaskiya. Ya ce to su aiko da uzuri a rubuce. Wallahi haka ya ce. Da ƙyar aka amince da limamin unguwarmu da Alu, don Alu ɗan ƙauyenmu ne, yana wurin ranar.

"Ka halarta?" in ji Sarkin Hatimi.

"Na halarta," in ji Alu, "amma goro bai iso ni ba."

"To an ɗaura ko ba a ɗaura ba?"

"An ce an ɗaura. Ni dai ban tauna komai ba."

Na taka masa ƙafa a ƙarƙashin tebur har sai da ya tuna cewa an shafa fatiha. Da muka fito na saya masa goro mafi girma a tiren mai goro, na ce ya ci ya bar ni in huta.

Daga nan aka manna sanarwa a bango, wai duk mai ƙorafi kan wannan aure ya fito kafin a ƙulla shi. Labari ya isa Bukoki kafin ni. Mata suka shigo gidana da guɗa, mai tsire ya tambaye ni ranar walima, wani tsoho ya ja ni gefe yana ba ni shawarar yadda ake zama da iyali. Duk na shanye, don ranar aikin ido tana matsowa.

Ranar ƙarshe aka ce in zo da amarya. Na riƙo hannunta muka hau matakala, tana lalube. Sarkin Hatimi ya gyara gilashi ya ce, "Madam, faɗi sunan mijinki."

Nan fa ake yin ta. Ku ƴan zamani da matanku ke kiran sunanku gatsau daga kicin ba za ku gane ba. Hadizatu ba ta taɓa kiran sunana ba. Ko sau ɗaya. Malam take ce min, in ta yi fushi ta ce "kai", in tana ba da labarina ta ce "shi". Akwai wani mai kanti a layinmu da muke suna ɗaya, shi ma "mai sunan Malam" take ce masa. Haka ta ga uwarta ta yi, haka kakarta ta yi.

Ta ja mayafi ta rufe baki ta ce, "Malam."

"Malam wa? Rabin Yamai malamai ne."

Ta nuna ni da yatsa. "Ga shi nan ai."

"Madam, yatsa ba ya shiga dosiyen takardu. Doka ta ce a furta da baki."

Na ce in faɗa mata mana. Ya ce ba a tambayi ango ba. Alu ya ce shi zai faɗa. Aka ce ba shi ake aura ba. Can Sarkin Hatimi ya nuna adalci irin nasu, ya ce to ta faɗi sunan ɗanta na fari, sai a gano uban ta nan. Innalillahi! Ɗan fari! Hadizatu ta dafe ƙirji ta ce, "Wannan mutumin ba shi da manya a gidansu ne?" Ya rufe dosiye ya ce zama na gaba sai wata mai kamawa. Aikin ido kuwa a makon nan yake.

Na roƙe shi ya ba mu ɗan lokaci, na ja ta baranda. Na yi faɗa, na yi lallashi. Na ce suna ne fa kawai, ba zagi ba.

Ta ce, "A gaban maza? A gaban liman? Gara in makance."

Na kama hannunta. Na ce, "Hadizatu, tsoro nake ji. In kika daina gani, ni ban san yadda zan yi da gidan nan ba. Ban san yadda zan yi da kaina ba."

Ta murza bakin mayafi. Can ta ce, "To kowa ya juya baya."

Muka koma ciki. Sarkin Hatimi ya duba littafin dokarsa, bai ga inda aka hana juya baya ba. Liman ya juya, Alu ya juya, ni ma aka ce in juya. Muka jeru muna kallon bango kamar ƴan makarantar da suka yi laifi. Na ji ta yi wani ɗan motsin baki, ƙasa-ƙasa.

"Ban ji ba," in ji Sarkin Hatimi. Injin sanyinsa yana ta ruri.

Ta sake.

"Madam, a ɗaga murya."

To, ku da ba ku san Hadizatu ba, haƙurinta yana da iyaka, kuma mutumin nan ya taka ta. Ta yaye mayafi, ta buɗe muryar da take korar awaki daga kan shanya, ta ce, "SHU'AIBU! Shu'aibu ne sunansa! Ka ji ko in ƙara?"

Ni kuwa sai ji na yi na ce, "Na'am!" Da ƙarfi, fuskata a bango. Mutanen baranda suka ɗauki tafi, wata mata ta rangaɗa guɗa. Ban juyo da wuri ba, don idona ya cika. Tun da mahaifiyata ta rasu ban ƙara jin wata mace ta kira ni haka ba, kuma ban san ina kewar abin ba sai ranar.

Sarkin Hatimi ya hura wa hatiminsa iska, don tawada ta bushe, ya buga da iyakar ƙarfinsa. Ya miƙo min hannu ya ce Allah ya ba da zaman lafiya da zuri'a ɗayyiba. Na ce amin, zuri'ar tana gida tana jiran abincin rana.

An yi aikin, alhamdulillahi. Ranar da aka kwance mata bandeji ina tsaye a gabanta da sabuwar hula, ina jiran in ji abin da amarya za ta fara faɗa. Ta ƙifta ido, ta ƙura min shi tun daga hula har takalmi, ta daɗe tana kallo. Sannan ta ce, a gaban likita da kowa, "Shu'aibu, ashe haka ka tsufa?"

Tun daga ranar bakin ya buɗe. Shu'aibu, gas ya ƙare. Shu'aibu, wa ya bar buta a hanya? Shu'aibu, wannan rigar mai datti kake yawo da ita duk shekarun nan? Yanzu tana ganin komai, kuma tana da sunan da za ta rataya wa laifin. Na yi tunanin komawa wurin Ranka Ya Daɗe in tambaya ko akwai biron da ake mayar wa mutum da "Malam" ɗinsa, amma na san amsar, kala suba ce. Kuma tsakanina da ku, kada Alu ya ji: in ta kira daga tsakar gida, nakan yi kamar ban ji ba, don ta sake kira.