Alhaji Himalaya da Matakalar Gidansa

Garwa ta yi sa'a. Gari ne shimfiɗaɗɗe a bakin Binuwai, amma Allah ya ba ta Alhaji Iliyasu, dillalin shanu a unguwar Roumdé Adjia, wanda duk wani dutse na duniya sai da izininsa yake tsaye. Mahauta suka raɗa masa Alhaji Himalaya, shi kuwa ya karɓa hannu biyu-biyu.

Ka je sayen sa, ka dawo da ilimi. Sai ya dafa tozon bijimi ya ce, "Ka ga wannan? Kamar Andes, a Amurka ta Kudu. Alpes a Turai suke, Atlas a Maroko. Ural kuwa shi ya raba Turai da Asiya, don kada su yi faɗa. Voilà!" Mai saye ya ce madalla, ko da yake kuɗin san ya tambaya.

Da ya gina bene, ƙasa ya sa wa suna Atlas, sama Himalaya. Shi a Atlas yake kwana. Maƙiya suna cewa wai jiri ke ɗibarsa ko kan kujera ya hau. Ƙarya suke yi. Tawali'u ne kawai.

Matarsa Hajiya Hansai 'yar Mokolo ce, a tsakiyar duwatsun Mandara aka yanke mata cibiya. Ranar wata walima wani baƙo ya yabi duwatsun garinsu, sai Alhaji ya yi dariyar manya. "Mandara? Haba malam! Ai suri ne. A taswirata ko ƙuda ya fi shi girma." Hajiya tana bayan labule, ta ji da kunnenta, kuma abin ya yi mata zafi ƙwarai.

Ba ta yi yaji zuwa gidan iyaye ba. Sama ta hau. Ta leƙo ta ce, "Alhaji, tunda namu suri ne, hau naka ka ba ni haƙuri. In Juma'a ta wuce ba ka hau ba, na tafi garinmu."

To, biko ya kama masani. Alhaji ya sa rigar sanyi a zafin Garwa, ya tara abokai su shaida. Ya taka, ya ƙara takawa, sai ya tsaya cak. Ya zauna daɓas, ya rungume ƙarfen matakala, ya yi jawabi. "Jama'a, masu hawan Everest, can tsakanin Nepal da Sin, ba sa gaggawa. Sansani suke kafawa, jiki ya saba da iska." Aka kawo masa shayi a sansani. Washegari ma haka. Mai haƙuri, in ji shi, yakan dafa dutse.

Asabar da hantsi sai ga takun Hajiya tana saukowa. Alhaji ya gyara hula, ya dubi abokai. "Kun gani? Ilimi ba ya hawa wurin kowa, wurinsa ake saukowa."

Ta iso da akwati a ka. Ta ce, "Alhaji, matsa in wuce."

Ya matsa. Ta hau babur sai tashar mota.

Yanzu in ka tambaye shi ina Hajiya, zai gaya maka daidai: tana Mandara, arewa da Garwa, kan iyakar Najeriya. Wurin ya sani sarai. Zuwa ne dai sai an hau.