Falon Na-Gani-A-Waje

Wanda bai san Na-Gani-A-Waje ba, bai san wayewa ba. Mutum ne da Allah ya ba ido. Babban jami'i ne a ma'aikatarsu, kuma sau ɗaya aka taɓa tura shi taron kwana uku a ƙasar waje. Kwana ɗaya ya ƙare a filin jirgi, ɗaya a barci, amma na ukun ya ishe shi gane yadda ake rayuwa. Tun daga nan ba ya buɗe baki sai ya ce, "Ai na gani a waje." Abokan aiki suka taimaka masa da sunan.

Sai ga labari za a cike kujerar mataimakin darakta, kuma Shugaban ma'aikatar da kansa ya amsa gayyatar cin abincin rana a gidansa. Bawan Allah ya tsaya a tsakiyar falo, hannu a ƙugu, ya ƙare wa gidan kallo. Ƙauyanci ya gani.

"Wannan bangon," in ji shi, yana nuna wanda ya raba falo da ɗakin cin abinci, "shi ya tare mana ci gaba. A waje, ido tafiya yake har ya gaji."

Magina suka rushe bango. Matarsa ta yi kwana huɗu tana sharar yashi. Ta bar shi da iyawarsa, don shekara ashirin sun koya mata cewa mai ilimi ba ya son katsalandan.

Daga nan aka shiga korar kaya. Kujerun da yara suka girma a kai suka tafi. Kabad ɗin kwanuka, labule, talabijin, hotunan iyali, duk suka bi sahu. "Manyan mutane fili suke nunawa, ba tarkace ba," ya sanar. Sau uku ya mayar da mai fenti, wai farin da ya shafa ba shi da zurfin tunani.

Abin da ya maye gurbi: doguwar kujera ɗaya, fara tas, mai siraran ƙafafu kamar balbela, teburin gilashi da benci biyu marasa majingina, da fitila guda da ta sauko daga rufi daidai goshin mutum. A kusurwa ya kafa busasshen reshe a cikin tulu. Mahaifiyarsa ta tambaya ko itacen girki ne aka manta.

"Baaba, wannan salo ne."

"To Allah ya raya shi."

An hana kowa zama, kada fari ya dusashe. Iyali suka koma cin abinci a tsaye a kicin. Shi kuwa bai taɓa jin daɗin gidansa irin haka ba: duk abin da ya faɗa, bango sai ya maimaita masa. Karo na farko ke nan da aka yarda da shi a gidan.

Ranar gayyata Shugaba ya iso, ya ja burki a bakin ƙofar falo. Ya dubi hagu, ya dubi dama, ya yi shiru. Na-Gani-A-Waje ya kumbura. Irin shirun da ya yi ta jira ke nan.

Shugaba ya riƙo hannunsa da hannu biyu. "Subhanallahi. Yaushe suka shigo?"

"Su wa, ranka ya daɗe?"

"Ɓarayin mana! Ko labule ba su bari ba? Kuma ka ɓoye, kana ta zuwa aiki kamar ba komai?"

Gwanin namu ya buɗe baki. Amma a tarihin aikinsa bai taɓa gyara wa na sama magana ba, kuma ba yau zai fara ba.

"Makon jiya, ranka ya daɗe."

Daga kicin aka ji matarsa ta kama wani irin tari mai tsawo.

Shugaba mutum ne mai tausayi. Ya ba wani kujerar mataimakin darakta, don kada a ɗora wa mai jimami ƙarin nauyi. Washegari motar ma'aikata ta sauke tsofaffin kujerun ofis guda shida, koraye, kowace da lambarta a baya, tare da saƙon cewa Shugaba zai riƙa leƙowa ya ga yadda ake maneji.

Suna nan jere a tsakiyar falo. A kansu yake karɓar masu zuwa jaje.