Yadda Za Ka Ƙwato Faifan Garmahon Da Ka Ba Surukinka Kyauta

Ɗan'uwa, idan bakinka ya riga hankalinka magana, ka ba surukinka abin da ka fi so a duniya, shi kuma ya karɓa, kwantar da hankalinka, an samo magani. Duk wanda ya bi matakan nan bi da bi, kayansa za su dawo hannunsa, suruki bai sani ba, mata ba ta sani ba. An gwada dabarar a nan Greensboro ta Amurka cikin shekarar 2007, a kan wani bawan Allah mai suna Tahirou, mutumin Damagaram, direban motar rarraba kaya, kuma ta ci. Da labarinsa za mu yi maka misali.

1. Fara da sanin girman asararka

Abin da Tahirou ya rasa faifan garmaho ne. Kada ka yi dariya, mai dariya ba ya gama karatun nan.

Wata rana ya kai kaya wani shagon faya-fayai a titin Elm, ya tarar mai shagon, wani dattijo baƙar fatar Amurka mai suna Bernard, yana jin wani kiɗan jaz da aka ɗauka tun ƙarshen shekarun 1950. Makaɗan ba sa tsalle daga wannan murya zuwa waccan. Murya ɗaya suka kama suna zagaya ta a hankali, mai busa ƙaho ya faɗi tasa ya ja gefe, mai fiyano ya amsa masa. Tahirou ya shiga da kwali a kafaɗa, ya fito da cutar da ba ta jin magani.

Faifan an sha sake buga shi, amma bugun da Tahirou ya mallaka daga baya daban ne. Daga zaren asali, wanda aka fara naɗar kiɗan a kai, aka yanko shi, robarsa mai kauri da nauyi, kaɗan aka buga, kowanne da lambarsa a bayan kwali. Ya mai da garejin gidansu na unguwar Pleasant Garden ɗakin sauraro: lasifika biyu, kujera ɗaya tak a tsakiya, wadda ya auna mazauninta da igiyar awo. Ba ya taɓa fuskar faifan da yatsa. Ya rantse yana jin lokacin da mai ƙaho ke jan numfashi. Matarsa Chamsiya kuwa ta ce ita dai kiɗa take ji wanda bai san inda za shi ba.

2. Kada ka zargi kowa sai bakinka

Mahaifin Chamsiya, Alhaji Kader, tsohon ɗan kasuwar fata, ya zo a yi masa aikin ido, ya ɗan zauna. Pleasant Garden ba wurin zaman dattijo ba ne. Ya fita ƙofar gida neman wanda zai gaisa da shi, sai motoci. Kaɗaici ya kora shi gareji wata Asabar da hantsi.

Tahirou ya zabura ya bar masa kujerar da ko Chamsiya ba ta taɓa zama a kai ba. Shi da shekara da shekaru ba ya wuce gaisuwa da surukinsa, kansa a ƙasa, sai ga shi ya manta da kunya, yana ta zuba: ga zaren asali, ga nauyin roba, ga yadda allura ke bin layi. Alhaji ya ji fuska ɗaya ta faifan har ƙarshe bai motsa ba. Ya ce abin ya tuna masa wani mai goge na unguwarsu da zai kama murya guda ya wuni a kai, sannan ya juya kwalin a hannu ya ce, “Kai, abin nan yana da kyau.”

Bakin Tahirou, wanda aka hora tun yana yaro, ya amsa da kansa: “Ai naka ne, Baba.”

Kowa ya san yadda ake wannan wasa. Babba ya yaba, yaro ya ce naka ne, babba ya sa albarka ya ce bar abinka, a rabu kowa da mutuncinsa. Alhaji ya ce, “Madalla. Na karɓa.” Ya sa faifan a hammata ya yi cikin gida. Tahirou ya tsaya da murmushin da ya bushe masa a fuska, kuma gaskiya ransa ya ɓaci ƙwarai.

3. Kushe kayan

Wannan shi ne matakin masu ilimi. Kada ka nemi abu, ka sa mai riƙe da shi ya gaji da shi.

Wajen cin abinci Tahirou ya fara, kamar da wasa, yana ba da labarin yadda zafi ke lanƙwasa faifai. Ya ce zafin Damagaram kam, kafin a sauke kaya daga mota ya zama kwano. Alhaji ya ce ɗakinsa na ƙasa ne, ko cikin bazara da sanyinsa. Tahirou ya ce matsalar ita ce sai da garmaho, kuma yanzu ina za a same shi. Alhaji ya ce abin da ba a rasa ba ne a gari babba. Tahirou ya kawo maganar masu binciken kaya a filin jirgi, waɗanda ba su da tausayi. Alhaji ya ce an taɓa bincikensa da fatun kada ma ya wuce, ya miƙa hannu ya ƙara miya.

Idan wannan matakin bai ci ba, kada ka damu. Bai taɓa ci wa kowa ba, muna sa shi ne don cika tsari.

4. Tura matarka

Tahirou ya sami Chamsiya a kicin, ya yi ta kewaye-kewaye, daga ƙarshe ya roƙe ta ta ɗan yi wa Baba bayani, tunda ita ɗiyarsa ce. Ta ajiye ludayi ta dube shi.

“In je in ce masa me? Mijina ya ba ka kado, kyauta sukutum, yanzu yana kuka? Bon, kai da bakinka ka bayar, kai da bakinka ka karɓo.”

Wuce mataki na gaba da sauri.

5. Nemo mai kama da shi

Tahirou ya garzaya wurin Bernard da fatan sayen wani. Bernard ya ce wannan bugun ya ƙare tuni, waɗanda suka samu kuma sun gwammace su rabu da motarsu. Da ya ji labarin, sai ya tambaya, cikin rashin sani irin na mutanen ƙasar nan, me zai hana Tahirou ya gaya wa tsohon gaskiya kawai, ya ce wasa yake yi. Tahirou ya gwada fassara masa kalmar kunya, ya kasa, ya bari.

A can ƙasan wani akwati Bernard ya zaƙulo wani tsohon bugu na kiɗan, siriri, shara-shara, ya sha hannu har ya gaji, fuskarsa duk zane. Kiɗan dai shi ne, sai dai kamar ana soya ƙosai a bayan makaɗan. Tahirou ya ɗaga shi ga haske ya ce ya yi. Mutumin da aka yi wa aikin ido kwanan nan ba zai tsaya karanta ƙananan rubutu ba.

6. Yi musanya ranar sayen tsaraba

Kowane baƙo mai komawa gida yana da ranar da za a kai shi kasuwa ya wuni yana zaɓar turare da takalman jikoki. Ranar taka ce. Ka ce kanka na ciwo.

Motar Chamsiya na fita da Alhaji, Tahirou ya shiga ɗakin baƙi ya buɗe akwatin Alhaji. Ya sami faifan a tsakiyar kaya, an naɗe shi cikin sabon rawani, an sa shi tsakanin manyan riguna biyu don kada wani abu ya danne shi. Ya ɗan tsaya. Kai kada ka tsaya, tsayawa ce ke ɓata aiki.

Ya zare nasa mai nauyi, ya zura siririn a kwalin, ya ƙara ɗan yankin kwali a ciki don nauyin ya yi kusa. Kwalin mai lamba dole ya tafi Damagaram, wannan ita ce zakkar aikin. Ya mayar da naɗin rawanin yadda ya same shi, ya ɓoye faifansa a bayan tayoyin gareji, ya kwanta ya ɗaura ƙyalle a ka. Da suka dawo Alhaji ya tofa masa addu'a.

7. Raka shi filin jirgi da fuskar salihai

Ɗauki akwati mafi nauyi. Yi ta cewa Allah ya kiyaye hanya. Kada ka haɗa ido da kowa.

Tahirou ya yi duk wannan. Sai da aka zo rabuwa, Chamsiya ta koma gefe tana share hawaye, Alhaji ya riƙe hannunsa bai saki ba.

“Na san al'ada, Tahirou, na san ya kamata in ce bar abinka. Da gangan na karɓa. Ɗiyata tana nesa da ni, ban san irin hannun da take ciki ba sai abin da aka gaya mini. Na ga yadda kake son abin nan, na ga ka bayar ba ka waiwaya ba. Yanzu zan yi barci.”

A nan abin da ake cewa shi ne, “Ba komai, Baba.” Tahirou ya faɗa.

8. Ji daɗin faifanka

Ka yi nasara. Rufe gareji, goge faifai, zauna a kujerarka.

Tahirou ya zauna. Fiyano ya shigo tas, babu ƙosai babu mai suya. Kafin mai ƙaho ya ja numfashinsa, Tahirou ya tashi ya ɗage allurar. Ya ce wa kansa gajiya ce. Mako ya zagayo ya sake gwadawa, gajiyar tana nan.

Bayan sallah ƙarama Alhaji ya bugo waya. Ya ce ya samo garmaho wurin wani tsohon malamin makaranta, ya tara abokansa a zaure, ya gaya musu wannan shi ne abin da surukinsa na Amurka ya fi so, kuma ya ba shi. Da aka sa, sai ƙara da tsalle-tsalle, ba kamar yadda suka ji a gareji ba. Ya duba a rana ya ga zane ko'ina. Sannan ya ce, “Ka gaya mini hanya za ta ɓata shi, ban ji ba. Ka ba ni amana mai kyau na lalata maka. Ka yafe mini, ɗana.”

Chamsiya tana tsaye kusa, tana murmushin jin daɗin yadda mahaifinta da mijinta suka shaƙu. Tahirou ya buɗe baki. Wannan karon bakin da ya saba riga shi magana bai ce komai ba.

Sanarwa

Marubucin wannan jagora bai san ka ba, bai san surukinka ba, bai taɓa shiga garejin kowa ba. Aikinsa dawo da faifai ne, kuma faifai ya dawo. Rashin barci, ɗacin baki, da kasa kallon matarka idan ta ambaci mahaifinta ba sa cikin yarjejeniya, kada a kawo mana ƙara. Haka kuma ba da shawararmu ba ne aka ga Tahirou ranar Juma'a a bakin masallaci, da wani abu mai faɗi naɗe cikin tawul, yana tambayar wa zai je gida kwanan nan kuma akwai sauran wuri a akwatinsa. An sami mai tafiya, ya ce a kawo, ya tambaya in ya miƙa wa Alhaji me zai ce masa. Wannan matakin ba mu da shi. Da muka bar wurin, Tahirou yana nan tsaye da tawul a hannu.