Rasuwar Sungumin Malam Ibram

Da zuciya mai cike da baƙin ciki, da kunyar da ta fi baƙin cikin nauyi, Modu ɗan marigayi Malam Ibram, manomi a ƙasar Gidigir, yana sanar da 'yan uwa da abokan arziki rasuwar sungumin mahaifinsa, wanda ya yi damina arba'in da uku yana saran shuka. Tun rani ya rasu, sai yau bakin Modu ya iya faɗa.

Marigayin mai haƙuri ne, ba ya fita sai ruwa ya sauka. Maganarsa ɗaya ce a jiƙaƙƙen rairayi: cab, cab. A ƙotarsa akwai gurbi biyu da tafin Malam Ibram ya cinye. Duk shuka Modu kan sa hannu a ciki, ya ji kamar sun gaisa. Tsohon bai bar ko hoto ba, iyakar abin da ya bari ke nan.

Ajali a mota ya zo daga Damagaram: samari masu ɗaukar gajeren fim a kan noman zamanin da. Suka zaɓi fako, wai ya fi kyau a hoto, suka miƙa sungumin ga wani Muktar da bai san gero ba sai a fura. Ko yaron goye ya san ba a saran busasshiyar ƙasa. Modu ya sani sarai, amma baƙi ne, ga shi yana son duniya ta ga kayan ubansa, sai ya ƙyale su suka ci gaba. Sau shida ana sake ɗauka. A na bakwai ƙotar ta ce ƙaras, daidai kan gurbin.

Marigayin ya bar ƙoƙon iri, da hauya, da Hamsatu matar Modu, wadda diddigenta ya shekara ashirin yana binsa yana rufe rami.

Sai dai fa marigayin ya ƙi kwanciya. Fim ya fito, ya shiga salular kowa. A kasuwar Gure Modu kan ji shi yana sara a hannun mutane, ƙwal, ƙwal, da muryar da ba tasa ba.

Shekaranjiya aka yi ruwan shuka. Garbai maƙeri ya sa wa ƙarfen sabuwar ƙota sumul, Modu ya juya ta ya juya, ya rasa inda zai kama.

Za a binne tsohuwar ƙotar gobe bayan la'asar a gindin aduwar gona. Ana roƙon masu zuwa su kashe salula, don Allah. Gaisuwa a can gonar za a karɓa, inda Hamsatu ke tsaye da ƙoƙon iri tana jiran ramin farko.