Nomau da Ƙasar da Ba Ta Shan Ruwa

Kwana da kwanaki ke nan wata magana na cin raina. Ni ba mai dogon karatu ba ce, amma na ga in ban amayar da ita ba, kwantar da ni za ta yi.

Tun rasuwar Malam mu biyu ne a gida, ni da autana Nomau, sai awaki. Yayyensa mata duk suna ɗakunansu. Nomau ya haura talatin, ga gemu ga ƙarfi, ba ya ƙarya, ba ya ƙiwa. Abu ɗaya ne: yadda ka faɗa haka zai yi, ba ragi ba ƙari. Bayan gida muna da ɗan lambun da muke cin miya da shi. Shinge kawai ya raba shi da na maƙwabciyata Tabawa, amma sai ka ce ba gari ɗaya ba. Nata rairayi ne, ana zuba ruwa ya shanye. Namu baƙar laka ce, in ta jiƙe ta riƙe ƙafa, in ta bushe ta karya fartanya. Duk sanda na leƙa na ga attaruhunta ja wur, sai in kau da kai don haushi.

Wata rana na ce, "Auta, ka ga yadda Tabawa ke ban ruwa? Duk abin da ta zuba, kai ma ka zuba." Ya kafa ido a ɓular shinge. Ta zuba guga, ya zuba guga. Nata ya nutse, namu ya kwanta. Ba a jima ba saiwar tumatir ta ruɓe, ganye ya yi rawaya, kwaɗi suka tare. Tabawa ta leƙo ta ce, "Innar Nomau, ashe noman shinkafa kuka koma? In kifi ya samu a tuna da maƙwabta." Na yi dariyar yaƙe.

Wata rana kuma, bayan mun sake dashe, zan tafi sunan jikata. Na ce, "Kada ɗigon ruwa ya taɓa ƙasar nan sai na dawo." Mai jego ta yi zazzaɓi, tafiya ta yi tsawo. Na dawo na tarar ƙasa ta tsage har hannu na shiga, shuka ta zama karmami. Ashe har ruwan farko ya sauka, shi kuwa ya kwashe tabarmin gidan, da fayafai, da zanen gadona, ya lulluɓe lambun. "Inna," ya ce, "wuri ɗaya ne ya ɗan jiƙe, shi ma na goge."

Wata rana da damina muka dasa barkono. Na ce, "Danne ƙasar nan sosai, ta yi ƙarfi kamar daɓen ɗaki, kada iska ta kayar da su." Na shiga daka. Can sai na ji tim, tim, tim. Ashe madaɓi ya aro, har da jiƙa makuba ta shafen daɓe, ya daɓe lambun tas yana ƙyalli. Da aka yi ruwa, ko ɗigo bai shiga ƙasa ba. Gaba ɗaya ya gangara ta ƙarƙashin shinge, ya kwashi ɗan takin da na tara, ya kai wa Tabawa. Da kuɓewarta ta yi, sai ga kwarya cike ta aiko, wai tukuicin ruwa. Na karɓa, na yi godiya, na zuba wa awaki.

Wata rana bayan kaka na tsaya a bakin lambun, ina jin Tabawa na waƙa ta bayan shinge. Takaici ya ishe ni na ce, "Wannan ba lambu ba ne, juji ne. A mai da shi juji kowa ya huta." Nomau ya ɗauki buhu ya bi gari gida-gida. Ƙaiƙayi, ɓawon gyaɗa, toka, kashin awaki, sharar tsakar gida da yashinta, bai bar komai ba. Mata har kiransa suke, "Mai juji, zo ga namu!" Da tsibin ya kai ƙugu na ce, "Binne min abin kunyar nan, kada in ƙara ganinsa." Ya aro diga, ya farfasa daɓen nan, ya juye ƙasar kaf, juji ya shige ciki.

Da rani na fita shanya sai na ga tumatir ya tsiro da kansa daga sharar mutane. Na zuba ruwa don in gani. Bai kwanta ba, bai kuma ɓace ba, a hankali ƙasar ta sha ta riƙe. Na damƙo ta, sai ta warware a hannuna kamar dambu, har da tsutsar tana a ciki. Muka dasa attaruhu, ya yi ’ya’ya har rassa na sunkuyawa. Ita kuwa Tabawa rijiyarta ta ja baya, rairayinta kafin azahar ya bushe ƙayau, shukarta ta langaɓe. Yanzu idon da ke ɓular shinge ba nawa ba ne.

To, ran nan sai ga ta da kwanon dambu, wai na "ɗan albarka". A gaban matan unguwa ta ce, "Innar Nomau, ki ara min yaron nan ya yi wa lambuna abin da ya yi wa naki." Na ce, "Haba Tabawa, ai ɗanki ne."

Tana fita ya zo ya tsaya a gabana, madaɓi a hannu ɗaya, buhu a ɗaya, yana lasar baki.

"Inna, wanne daga ciki? Ruwan, ko tabarmin, ko daɓen, ko jujin?"

Na kai ido kan kwanon dambun, ashe har ya lashe shi tas.

"Dambunta ya fi naki mai," ya ce.

In na ce juji, rairayinta zai riƙe ruwa, baɗi ta sake wuce ni, in koma ɓular shinge. In na ce daɓe, zai yi shi da zuciya ɗaya, ba wanda zai zarge ni, cewa za a yi ai Nomau ne, shi zai sha zagin gari bai san dalili ba. Kullum da safe yana zaune a bakin ƙofa da kayan nan biyu, yana jiran kalma ɗaya daga bakina. Ni kuma kalmar kirkin na san ta, amma da ta taso sai in tuna kwaryar kuɓewar nan, ta maƙale.

Jama’a, ku da Allah ya ba zuciya mai shan ruwa, don Allah me zan ce wa yaron nan?