Wakiliyarmu ta Bayan Rumbu

Ba zan taɓa mantawa ba da ranar da mutumin gidan talabijin ya zo Tsanyawa neman kaset a wajen Kawu Sale. Ina aji biyu na sakandare, kuma ko sunana aka kira a aji sai dai in ɗaga yatsa.

Kawu mai ɗaukar bidiyon biki ne, amma a shekarun nan hatsi ya yi wuya, biki ya yi ƙaranci. Sai ya koma sayar wa gidan talabijin tsofaffin hotunan da ya ɗauka: layin taki, busasshiyar rijiya, kasuwar da ba masu saye. Ni ce mai goge wa kaset ƙura da jera su. A nan na lura cewa yakan ɓalle wani ɗan haƙori a gindin kaset don kada a yi ɗauka a kansa, in kuma ya canza shawara sai ya liƙe ramin da salatif. (Da ma ban lura ba.)

Wata ranar kasuwa da gida ya watse, na ɗauko kaset ɗin da gara ta cinye takardarsa, na liƙe ramin, na ɗora kyamara a kan turmi.

Bayan wata biyu baƙon nan na gidan talabijin ya iso, yana son hoton shekarar fari. Kawu ya yi ta cika baki, ya tara Inna da maƙwabta har da malaminmu na Hausa, aka tayar da janareta. Ina ganin kaset ɗin da ya zaro, na gane wanda gara ta cinye takardarsa ne.

Mata suka bayyana a bakin rijiya. Baƙon ya gyaɗa kai, ya ce, "Wannan nake nema." Sai hoton ya yi rawa, sai ga ni da gwaggwaron Inna, riƙe da ludayi a baki.

"Jama'a, ga kanun labarai. Kawu Sale ya ce azumin nafila ya hana shi zuwa noma, amma wakiliyarmu ta gan shi a bayan rumbu da ƙuli-ƙuli bakwai. Ya ci biyar, ya sa biyu a hula."

Sai Inna ta ce, "Sale, cire hular nan mu gani."

Malam ya dube ni ya ce, "Ikon Allah! Ashe yarinyar nan tana magana?"

Baƙon ya yi dariya har da hawaye, sannan ya duba abin da ya rage na rijiyar: minti uku, ya ce za su ishe shi. Kawu bai rasa cinikinsa ba, girma kawai ya rasa. Ni kuwa har yau a garin nan Wakiliyarmu ake kirana.

Na koyi cewa ramin da manya suka bari a buɗe, da dalili suka bar shi. Kawu ma ya yi nasa karatun: ya koma azuminsa a cikin rumbun, ya rufe.